Tafin Donka

Stamen Kosev ya daki teburin darakta da sandarsa, har kofin gahawa ya yi tsalle ya fantsama a kan takardu.

"Sake faɗa in ji, Ludmil."

"Bai Stamen," in ji Ludmil, da laƙabin girmamawa da muke kiran dattawa da shi, "don Allah zauna. Cewa na yi ba za a shigo da akwatin nan zaure ba. Zaure da tafi na 'yan wasa ne. Donka kuwa, Allah ya ji ƙanta, mai tuni ce."

A wajenmu idan ɗan wasa ya mutu, gidan wasan kwaikwayonsa ake fara kai shi, a ajiye a zaure, sannan a fitar da shi ana tafi har motar gawa ta sha kwana. Donka ta yi shekara arba'in da ɗaya a kan wata 'yar kujera bayan labule, littafin wasa a cinya, tana raɗa wa duk wanda zance ya ɓace masa a kan dandamali. Ko sau ɗaya ba a taɓa kiranta ta fito gaban jama'a ba.

"In na yi mata," in ji Ludmil yana goge takardunsa, "gobe mai lantarki ya mutu, jibi tela."

"To ka yi musu mana! Hannunka ne zai gutsure? Kai da aka ɗauko daga ofishin magajin gari, ko ƙurar dandamali ba ka taɓa shaƙa ba!"

"Na ji. Faɗa mini wasa ɗaya da ta fito a ciki, yanzu in buɗe zauren."

Amsar kuwa tana bakin Stamen. Tun da hawan jini ya buge shi shekara tara da suka wuce, kansa bai ƙara riƙe jimla biyu a jere ba. Duk sarkin da ya zama, duk mashayin da ya sa mutane kuka, Donka ce ke ba shi zance kalma kalma. Jaridu har yabon shirunsa suke yi, wai babu ɗan wasan da ya iya shiru mai nauyi kamar Kosev. Shirun me? Jiran Donka yake yi! Amma mai fim goma sha ɗaya, mai shekara hamsin a dandamali, ya dubi wannan yaron ya faɗi haka? Ya kasa. Ya banko ƙofa ya fita, yana jin haushin kansa fiye da na Ludmil.

Ga shi jiya ya riƙe hannun Bai Gancho, mijin Donka, wanda ciwon suga ya cinye wa ido, ya yi masa alkawari da babbar murya cewa za a tafa mata.

Ya leƙa ɗakin cin abinci. 'Yan wasa shida na zaune suna cin banitsa, gurasarmu mai cuku.

"Ƙarfe sha biyu motar gawar za ta wuce ta nan. Ku fito bakin ƙofa kawai."

"Bai Stamen, ka san wata mai zuwa ake sabunta mana takardun aiki," in ji wata, idonta a faranti. "Mun dai aika fure."

"Fure! Ke da ta ceto sau uku a wasa ɗaya? Tir da ku."

Da aka fito daga coci, sai ya shige motar gawa kusa da Bai Gancho, ya ce wa direba ya bi ta dandalin gidan wasa. Direba ya ce ba hanyar maƙabarta ba ce. Stamen ya yi masa tsawa irin ta sarakunan dandamali, sai ga mota ta karkata.

A gaban matakala ya sa aka tsaya. Ya sauka, ya wangale ƙofar baya yadda kowa zai ga akwatin, ya maƙale sanda a hammata, ya fara tafi shi kaɗai. Hannun hagunsa ba ya da ƙarfi, tafin ya fito kamar ana kakkaɓe tabarma.

"Kai, ga Kyaftin!" wani ya ƙwala daga teburin masu shan gahawa. Wani tsohon fim ne da Stamen ya fito a matsayin direban jirgin ruwa, duk sabuwar shekara sai an nuna shi.

Kafin ka ce me, dandali ya cika. Wayoyi suka tashi sama. Aka kewaye shi ana tafi ana fito, kowa ya juya wa akwatin baya. Wata mata har jingina ta yi da motar don ta ɗauke shi da kyau.

"Ba ni ba!" Stamen ya daka ihu. "Ku juya! Ga ta can! Shekara tara ban riƙe ko jimla ɗaya ba, kuna ji? Duk abin da kuka tafa mini nata ne! Ni fanko ne, ita ce mai maganar!"

Aka fashe da dariya. "Tsohon nan bai tsufa ba!" in ji wani. "Yaushe za a fara nuna wasan?" Tafi ya ninka. Sai ga Ludmil a saman matakala, ya hango wayoyi, ya ɗaga hannu sama da kai yana tafi, 'yan wasan nan shida a bayansa. Wallahi da Stamen na da ƙarfin jifa, da sandar nan ta same shi a goshi.

Ya rufe ƙofar baya da kansa, ya koma mazauninsa. Mota ta tashi a hankali, jama'a na binta suna buga gilashin gefensa.

Bai Gancho ya karkata kai yana saurare, kwanon dafaffiyar alkamar sadaka a cinyarsa. Hawaye na bin kumatunsa, amma murmushi yake yi. Ya laluba ya kamo hannun Stamen.

"Stamen, duk wannan na Donka ne?"

Stamen ya dubi masu ɗaga masa hannu suna kiran Kyaftin.

"Nata ne, Gancho."

"Suna da yawa?"

"Dandali ya cika."

Bai Gancho ya gyaɗa kai, ya ce wa direba ya rage gudu.