Kwalaben Baba Anjima

Duk garin nan ba wanda bai san Baba Anjima ba, bokan da ke naɗe lokaci kamar tabarma. Shi ne ranar da kogi ya ɓalle ya riƙe la'asar da hannu ɗaya har aka gama kwashe yara da awaki. Wai har wata mata ta koma ɗauko tukunya, ta tsaya gulma a hanya, ruwa na tsaye yana jiranta.

Ga yadda yake aikinsa. Ka kawo masa lokacin da ba ka so, irin zaman layin asibiti ko gaisuwar surukai, ya tatse shi a kwalba ya toshe. Mai bukata ya zo ya karɓa. Sharaɗin ɗaya ne: wanda ya zare murfin shi kaɗai ke shiga lokacin, kowa kuma ya sandare sai ya ƙare. Duk mai zuwa shagon ya san haka.

'Yarsa ce kawai ba ta sani ba. Ita ce ta fari, ita ce Auta, kuma ko leƙen ɗakin aikin bai taɓa barinta ba. Tun tana ƙarama in ta ce, "Baba, zo mu yi hira," sai ya ce, "Anjima." Ba ƙarya yake ba fa. Yammacin yake ɗurawa a kwalba ya jera a kan kanta, wai sai ya huta su more abinsu tare. Haka ta girma, ta zama tela, kantoci suka cika maƙil.

Sai tsoho ya kwanta. Wata safiya mai magani ya duba shi, ya ja Auta gefe ya ce da wuya ya kai azahar. Ita ko ba ta da burin da ya wuce ta zauna da ubanta ko sau ɗaya ne. Ta ɓalle kwaɗon ɗakin aiki, ta kwaso kwalaben a kwando ta dire gaban gadonsa.

"Yau dai babu anjima, Baba."

Ya buɗe baki zai yi magana, ta riga ta zare murfi.

Tsoho ya sandare, baki buɗe, yatsa a sama. Ta ɗauka mutuwa ce ta zo, a ruɗe ta zare wani, ta ƙara wani, har sai da kwando ya koma fanko. Can ta hango ƙuda a maƙale a iska, ya ƙi gaba ya ƙi faɗuwa. Nan ta gane ta tafka ta.

Yammacin shekaru ta zauna ita kaɗai. Ta share ɗakin har ya gaji da shara. Ta ɗinke duk rigunansa da suka yage, ta warware ta sake. Ta faɗa masa duk abin da ke ranta, har da zagi kaɗan, shi dai yatsa na sama.

Da lokacin ya ƙare, ƙuda ya wuce abinsa, tsoho ya ƙarasa maganarsa.

"Kar ki buɗe ke kaɗai." Ya dube ta da kyau. "Ke, furfurar wa kika aro?"

"Taka ce. Ajiyarka na cinye."

"Duka?"

"Ko ɗigo ban rage ba."

Ya yi dariya har da tari. Ya laluba ƙarƙashin matashi ya zaro wata 'yar kwalba mai ƙura.

"Wannan ta ranar da kika fara tafiya ce. Ita ma anjima na ce. Kawo hannunki, nawa ba ƙarfi."

Ta ɗora yatsunta kan nasa, suka murɗa tare.

Yamma guda suka samu. Masu ba da labari suna cewa sirrin zamani ya koya mata. Ina fa. Ita da bakinta ta ce shayi suka sha, ya ce sukari ya yi kaɗan, suka yi musu kan kalar labulen ɗakin, ya roƙi ta nuna masa yadda ake zura zare a allura, bai iya ba har rana ta faɗi. Da suka dawo safiyar, bai kai azahar ɗin ba.

Shagon yanzu na ɗinki ne, kwalaben tana zuba maɓallai a ciki. Mutanen gari kuwa har yau ba sa buɗe kwalba su kaɗai in akwai wani a gefe. Ko ta man shafawa ce sai sun miƙo maka ka ɗora yatsa. Ka tambayi yaran yanzu dalili, su ce maka ladabi ne.