Rantsuwar da Baba Ƙasimu Ya Ƙi Yi

Ƙarfe huɗu da rabi na yamma, hadari ya haɗo daga wajen teku, zafi kuma ya ƙi sauka. Hudu sai kai da komo yake tsakanin turakun raguna a Zongo, ya dubi sama, ya dubi takardun hannunsa. Shi ya rubuta labarin wasan kwaikwayon, shi ne kuma darakta. Gidan talabijin na jiran kashi na shida ranar Juma'a, fitowa ɗaya ta rage. Mai kamara, Abdulƙahar, gobe zai tafi arewa ɗaukar biki. In ba a gama yau ba, wani shirin za a ba lokacinsu.

Wanda ya tsayar da aikin Baba Ƙasimu ne, dillali na gaske, shekara talatin yana sayar da dabbobi a nan. Hudu ne ya lallaɓe shi ya fito a macucin dillali. Ya yarda da komai, sai da aka zo kan magana ɗaya ya cije.

"Baba, abu kaɗan ne. Ka dafa ragon, ka ce wa mai saye wallahi lafiyarsa ƙalau."

"A labarin naka ba gurgu ba ne?"

"Gurgu ne, amma a labari. Wannan na gabanka ai lafiyarsa lau."

"To da wanne zan rantse, na gabana ko na takardarka?" Baba ya gyara hula. "Ɗana, bakina ɗaya ne. Matan unguwar Gbégamey za su kalla, mahautan unguwar Vêdoko za su kalla. Jibi in na ce wallahi, su ce irin ta talabijin ce."

Abdulƙahar ya sauke kamara daga kafaɗa. "Darakta, haske na tafiya fa. Ko ragon za mu rantsar?"

Hudu bai yi dariya ba. Ya taka har bakin titi, ya dawo. Ya ciro biro, ya mayar. Har ya yi tunanin ya sa babbar riga ya fito da kansa, sai ya tuna jama'a sun riga sun ga Baba a kashi biyar.

"Kai ka taɓa sayen rago?" in ji Baba.

"Mahaifina ke saya."

"Shi ya sa. Macuci ba ya kawo zancen lafiya ma, balle ya rantse. Karimu, zo nan."

Karimu, wanda ke fitowa a mai saye, ya matso. Baba ya manna gwiwarsa da ƙafar ragon ta baya, rigarsa ta sauko ta rufe ta. Ya buɗe bakin ragon ya nuna haƙora. Ya kama hannun Karimu ya ɗora a gadon baya, wurin kitse, yana tambayarsa ya mai jego, yaushe suna, mace ce ko namiji.

"Ya ɗan taka mu gani mana," in ji Karimu.

"Haba Alhaji, cikin wannan laka? Farin rago, ka kai shi gidan suna da datti?"

Hudu ya daina zagaye. Ya taɓa kafaɗar Abdulƙahar, ya ce a hankali, "Gwiwar. Ka fara da gwiwar."

Sau biyu aka ɗauka. A na biyu Karimu ya miƙa hannu aka tafa, ragon bai yi taku ko ɗaya ba. Hudu ya soke shafin gaba ɗaya da biro.

Suka duƙufa kan ɗan allon kamara, shi da Abdulƙahar. Tun ba a kai ƙarshe ba Hudu ya fara cizon yatsa, don kashi na bakwai duk kan rantsuwar ya gina shi. Ya shiga juya takardu yana magana shi kaɗai.

Baba ya ɗaure ragonsa. Zai wuce masallaci sai ya ga babur ɗin Hudu a tsakiyar hanyar da ake shigo da dabbobi. Ya ɗaga ƙarfen da ke tokare da babur ɗin, ya tura shi gindin katanga, ya goge hannu a riga ya tafi. Hudu na can yana neman shafi na tara.