Taurin Jatau

A Bungudu, 'yan shekaru kafin Turawa su tafi, babu wanda ya san Jatau kamar yayarsa Saude. Ita ta goya shi bayan rasuwar uwarsu, ita kuma ta san cewa har ya tsirar da gemu, in za a yanka kaza kawar da kai yake yi. Wannan Jatau ne ya tafi cin rani, ya dawo da guru a ƙugu, kambu a damtse, da jakar fata cike da wuƙaƙe, wai shi ɗan tauri ne, ƙarfe ba ya cin jikinsa.

Har da sabon kakan da ya ƙirƙiro wa kansa ya dawo. Kakansu na gaskiya Saude ta riske shi da rai, masaƙi ne, ɗan tsoho mai yawan tari. Amma a bakin Jatau sai ya zama barden yaƙin Zamfara na dā, wanda takubba ke lanƙwashewa a wuyansa, kibau su zube daga ƙirjinsa kamar ƙaiƙayi. Wai an taɓa farke masa ciki a fagen fama, ya mayar da hanjinsa, ya ɗinke da gashin wutsiyar doki, ya koma cikin maza. Saude ta tambaye shi, in ƙarfe ba ya cin tsohon, da me aka farke cikin? Jatau ya ce wannan ba zancen mata ba ne. Wuƙaƙen kuwa ta sha ganinsa a bayan rumbu yana gurza bakinsu a kan dutse, har sai sun kasa yanka ko kuɓewa.

Da yake mutanen Bungudu sun san shi tun yana yawo ba wando, sai ya riƙa kai wasansa kasuwar Tsafe. Saude ma tana cin kasuwar, man kaɗe take kaiwa, don haka ta ga abin da idonta. Ana kaɗa masa ganga, yana tuma yana kirari, yana goga wuƙa a ciki da harshe, yana zazzare ido kamar wanda kunama ta harba. Mutane suka yi cincirindo. Ita dai ta ja tsaki ta ci gaba da auna manta.

A cikin 'yan kallo akwai wani manomi, Buba, ƙaƙƙarfan mutum marar wayo, wanda ɓarayin shanu suka dame shi. Bayan an tashi ya bi Jatau gindin tsamiya, ya durƙusa yana roƙon a taimake shi. Jatau ya yi jim, kamar mai shawara da aljanu, sannan ya barbaɗa masa wani gari a fura ya ce ya shanye. Saude ta san garin. Ganyen sabara ne da toka, a turminta aka daka. A motar komawa ta ce masa ya ji tsoron Allah, mutumin nan ya yarda da gaske. Jatau ya ce ai yardar ita ce maganin.

Buba bai jira ɓarayi ba. A gona, gaban abokansa, ya ɗauki lauje sabon wasawa ya ja a wuyan hannunsa na dama da dukan ƙarfinsa. Laujen ya shiga har ƙashi. Aka ɗaure da rawani, aka tare motar gyaɗa, aka kai shi asibiti a Gusau, inda wani ma'aikaci mai suna Yohanna ya tsayar da jinin ya ɗinke. Hannun ya tsira, amma jijiyoyin sun tsinke, yatsun suka sandare.

Yayyen Buba suka iso Bungudu da hantsi, kowa da gorarsa. Suka tarar da Jatau a ƙofar gida, ya tara samari yana ba su labarin kakan. Babbansu ya yi sallama, ya jira aka amsa.

"An ce muna ƙarhe ba ya cin ka," in ji shi. "Shi ya sa munka zo da icce."

Ba a ji kirari ba ranar. Samarin suka watse, gorori suka yi ta sauka a kan Jatau, ya dunƙule a ƙasa yana kiran "Yaya, Yaya," kamar yadda yake yi sa'ad da kare ya biyo shi yana yaro. Saude tana jin komai daga tsakar gida. Ta sauke tukunya tukuna, ta gyara ɗaurin zane, sannan ta fito ta tsaya a kansa. Ba ta ce ƙanenta bai yi ba. Ta ce musu sun karya hannu a madadin hannu, in sun ƙara, gawa za su bar mata, ita kuma ba ta ci musu komai ba. Suka dube ta, suka dubi abin da ke kwance yana shessheƙa, suka juya.

Ta kira Malam Lukuman, maɗorin garin. Ya shafa damtsen, ya ce karaya ce, ya sa a cire kambun da ya matse kumburin. Maza suka danne Jatau, malamin ya ja. Jikan barden Zamfara ya kurma ihun da aka ji har bakin gulbi, ya jiƙa wandonsa, ya suma. Aka shafa man shanu, aka jera kara, aka naɗe da tsumma, aka yi tofi. Malam Lukuman ya ce kada ya taɓa ɗaurin sai ya dawo. Ƙaiƙayi ya dami Jatau, ya kwance da kansa, ƙashin ya haɗe a karkace.

Da ta samu sarari, Saude ta tafi Tsafe da ƙwaryar man shanu. Yelwa, matar Buba, ta karɓa ba ta ce an gode ba. Buba yana zaune a inuwa da hannu a cinya, ya kasa haɗa ido da ita, kamar shi ne ya cuci wani. Wannan ya fi komai ɓata mata rai.

Jatau bai ƙara zama a Bungudu ba. Ya koma Sabon Garin Gusau, kusa da tashar jirgi, inda baƙi ke sauka kullum. Can yake shimfiɗa buhu yana nuna karkataccen hannun, wai shi kaɗai ya tare 'yan fashi a dajin Tsafe, kuma yana sayar da maganin karaya. Saude ta taɓa wucewa da kaya a kai. Ya ɗaga murya ya ce, "Ga yayata nan, ku tambaye ta."

"Ku saya," in ji ta, ba ta ko tsaya ba. "Ku dubi yadda ya gyara nashi."

Gonar gadonsu ita ta ci gaba da nomawa. Buba ya koyi riƙon fartanya da hagu, amma noman bai ƙara ciyar da gidansa ba. Duk kaka, in an ɗaure dawa, Saude takan ware rabon Jatau ta ɗora a mota zuwa gidan Buba a Tsafe. Ba ta nemi izininsa ba, shi kuma bai taɓa zuwa ya tambaya ba.