Fursunan Gilashi

Wilf Ackroyd ya rungume kwalin a ƙirji kamar jariri, ya hau bas yana haki. Ya naɗe shi da baƙar leda saboda yayyafin da ake yi a garin Halifax na Ingila tun safe. Direbar, wata mai jan gashi da ta saba ganinsa duk Laraba, ta dubi ledar ta yi dariya.

"Yau ma yaƙin za a je, Baba?"

"Yau ma, 'yata."

"Wai ka taɓa ci kuwa?"

"Shekara hamsin ban ci ba. Amma yau da shirina na zo."

Ya zauna gefen taga, ya sa hannu a aljihun kwat ya taɓa 'yar ƙwallon gilashin nan, ya ji tana nan, sannan hankalinsa ya kwanta.

Abin da ke cikin kwalin wasa ne na allo. An zana wani tsohon gidan sarauta na dutse da aka mayar kurkuku lokacin yaƙi, da katangunsa da ƙofofinsa da waya mai ƙaya. Mutum ɗaya ne ke riƙe masu gadi, sauran su riƙe fursunoni, suna tara katin igiya da na makulli da na takardar bogi, har Allah ya ba su sa'a su tsere. Mahaifinsu ne ya kawo shi gida wata Kirsimeti, alhali Wilf da yayarsa Enid duk sun girma. Tsohon ya yi shekara uku a hannun Jamusawa a matsayin fursunan yaƙi, yana haƙar gwoza a gona, kuma bai taɓa yunƙurin gudu ba. Yakan ce gudu sai manyan hafsoshi, su da ba su san ciwon baya ba. Bai buga wasan ko sau ɗaya ba. Sai dai ya zauna gefe da lofensa yana kafa dokoki.

Dokarsa mafi girma ita ce: fursunan da ya faɗo daga tebur, to katanga ya tsallake. Idan mai gadi bai tashi da ƙafarsa ya kamo shi kafin a ƙirga ashirin ba, ya tsira.

Enid ce mai gadi tun ranar farko, kuma babu wanda ya taɓa kuɓuce mata. Da shekaru suka yi nisa, 'ya'yan wasan suka yi ta ɓacewa ana maye gurbinsu. Yanzu fursunonin Wilf su ne maɓallin kwat ɗin tsohon, da murfin biro, da ɗan kunne guda na marigayiya matarsa, da wani ƙaramin haƙori da har yau ba a san na wane ne ba. Na biyar ya ɓata a bara. Shi ne Wilf ya samo wa magaji, wato ƙwallon gilashin da ke aljihunsa.

Wata uku ke nan da Enid ta zame a matakalar gidansu ƙugunta ya karye. An yi aiki, ƙashi ya haɗe, aka kawo ta gidan jinya don ta koyi tafiya, ita kuwa ta ƙi. Wilf yana can shi kaɗai a gidan da aka haife su, kullum da safe sai ya fito da kofi biyu, ya mayar da ɗaya.

A bakin ƙofar gidan jinyar ya ci karo da Gwen, mai koya wa marasa lafiya tafiya.

"Mista Ackroyd, ba zan ɓoye maka ba. Jibi Juma'a za a zauna a kan maganarta. In ba ta taka daga ɗakinta zuwa ƙarshen barandar nan ba, ɗakin zai zama nata ke nan, ba komawa gida. Ƙafar lafiya lau take. Tsoro ne kawai."

"Enid? Tsoro?"

"Kar ka ce ni na faɗa."

Ya tarar da Enid a kujera, bargo a cinya, ƙarfen dogarawa mai ƙafa huɗu yana gefe an rataya masa tawul kamar igiyar shanya.

"Ka makara, Auta."

"Minti huɗu ne, Yaya."

"A minti huɗu aka ci ƙasashe. Me ka kawo?"

"Kek ɗin citta."

"Na kanti ne, ina ganin takardarsa. Shimfiɗa allon."

Ya jawo ɗan tebur, ya bar ƙofa a buɗe da gangan, ya jera mutanensa a tsakar kurkukun. Da ya ajiye ƙwallon gilashin, sai da ya tokare ta da ɓarɓashin kek don kada ta motsa. Koriya ce, da wani farin zare a cikinta kamar hayaƙin da ya daskare.

"Wannan kuma wane ne?"

"Sabon kamu ne. Matuƙin jirgin sama."

"Da ganinsa ba zai yi hankali ba."

Mako guda Wilf ya yi yana gwaji a kicin. Ya gano cewa in ya taɓa ta da gefen hannun riga, takan faɗo ta gangara taku goma sha ɗaya kafin ta tsaya. Har alli ya sa ya yi alama a ƙasa. Kyanwar maƙwabta ta leƙo ta taga tana kallonsa rana uku, a ta huɗu ta gaji.

Suka fara. Aka kawo shayi, ruwa na sauka a hankali a jikin taga, can wani ɗaki rediyo na magana shi kaɗai. Enid ta kama maɓalli da igiya biyu a hannunsa ta jefa shi ɗakin duhu. Ta tare ɗan kunne a bakin ƙofar coci. Fuskarta ta ɗan yi haske, irin wanda Wilf bai gani ba tun kaka.

"Kai dai ba ka da dabara," in ji ta. "Kullum ta bangon gabas. Ko akuya takan canza hanya."

"Bangon gabas ya fi kyan gani."

Ya miƙa hannu kamar zai ɗauki kofi. Hannun riga ya taɓa gilashin daidai yadda ya koya. Ƙwallon ta gangara bakin tebur, ta faɗo.

Ko ƙara ba ta yi ba. Ta nutse cikin kafet mai kauri, ta zauna daram kusa da silifas ɗin Enid.

Wilf ya ƙura wa ƙasa ido. Laraba bakwai yana zuwa ɗakin nan. Ya san tabon ruwan da ke silin mai kama da kan doki, ya san agogon bango yana tsallake daƙiƙa ɗaya duk minti uku, amma bai taɓa duban abin da yake takawa ba.

Enid ta dubi ƙwallon, ta dubi ƙofar da aka bari a buɗe, ta dubi ƙanenta. Kunnuwansa sun yi ja kamar na yaron da aka kama da hannu a tukunya.

"Kwana nawa ka yi kana shirya wannan?"

"Shirya me?"

"Wilfred."

"Bakwai."

"A kicin?"

"A kicin."

"Shi ya sa har yau ba ka fita daga kurkukun nan ba. Kana kallon sama, mutane na kallon ƙasa."

Yatsunta suna murza gefen bargon. In da ta ɗora silifas a kan ƙwallon, da shi ke nan, ta kama, doka ba ta hana ba. Ta daɗe tana kallonta.

"In na sake faɗuwa fa?" ta ce, muryarta ƙasa ƙasa.

"Sai mu faɗi tare. Ni ma ba wani ƙarfi gare ni ba."

"Wannan ne lallashin naka?"

"Shi kaɗai na iya."

Ta ja tsaki. Sai ta janye ƙafa baya, ta sa gefen silifas ta doki ƙwallon. Ta yi tsalle a kan kafet, ta haye bakin ƙofa, ta sauka a kan ledar baranda mai santsi. Suka ji ta tana tafiya, gurrr, tana nisa, tana nisa.

"In za ka yi maguɗi, ka yi mai kyau," in ji Enid. "Cire min tawul ɗin nan. Fara ƙirge."

"Ɗaya," in ji Wilf.

Kafin ta miƙe ya kai huɗu, ko da yake tsakanin uku da huɗu ya tsaya ya yi tari mai tsawo. A bakwai ta kai ƙofa. Yana biye da ita, hannuwansa a buɗe bayanta ba tare da ya taɓa ta ba. Ƙarfe ya yi gaba, ƙafa ta bi, ɗayar ta biyo. Gwen ta fito daga wani ɗaki da takardu a hannu, ta buɗe baki, Wilf ya girgiza mata kai, ta koma jikin bango ta ba su hanya.

"Goma sha biyu. Af, na ce sha ɗaya kuwa?"

"Ka ce! Kar ka raina min hankali, ƙirga kamar mutum!"

Ƙwallon ta tsaya can ƙarshe, gindin tukunyar fure. Gumi ya jiƙa goshin Enid. A sha takwas saura taku uku. A sha tara Wilf ya ga takalminsa na buƙatar ɗauri. Yana sunkuye ya ji ƙarfe ya daki gilashi, ƙwas.

"Kamamme," in ji Enid tana haki. "Ɗauko min shi, ba zan iya sunkuyawa ba."

Ya ɗauko ya miƙa mata. Ta jefa a aljihun rigar sanyinta. Gwen ta turo kujera, ta zauna, ta rufe ido na ɗan lokaci.

"Mu koma mu ƙarasa?" ya tambaya.

"A wancan teburin? Ko kofi biyu ba ya ɗauka. Kwashe kayan ka kai gida, ka shimfiɗa a na kicin, kar ka taɓa komai. Na san inda kowa yake. Kuma ka goge allin da ka ɓata min ƙasa da shi."

"Wa ya ce miki na sa alli?"

"Ni na goya ka, Auta."

Da ya hau bas ɗin komawa, ruwa ya ɗauke. Mai jan gashin ce dai. Ta dubi ledar, ta dubi fuskarsa.

"To, Baba? Yau an tsere?"

"Ina fa," in ji Wilf, yana neman wurin zama gefen taga. "An sake kama ni."