Waƙar da Aka Hana Inna Saude

Ranar wata Talata da hantsi Inna Saude ta faɗi a bakin murhu. Kafin a samo motar da za ta kai ta asibiti a Kiru, ɓarin jikinta na dama ya shanye, bakinta ya karkace. Likita ya ce hawan jini ne. Bayan mako uku aka sallame ta. Ƙafa ta fara motsi kaɗan-kaɗan, amma magana ta ƙi dawowa. Duk abin da aka tambaye ta, abu ɗaya ke fita: "To... to." Tana jin kowa, tana gane kowa. Sai ta buɗe baki ta yi ta kokawa da harshenta, in ta gaji ta juya fuska bango.

Ɗanta Mujitaba, malamin lissafi a wata sakandare a Dangora, shi ke kai ta sashen gashin ƙashi na asibitin duk Alhamis. A can ya haɗu da Malama Ramla, wadda ke zuwa daga Kano tare da ayarin likitoci. Da aka ce masa aikinta jinyar marasa lafiya da kiɗa da waƙa, sai ya ɗaure fuska.

"Malama, ki yi haƙuri," in ji shi, "mu ba ma harkar bori."

Ramla ta yi murmushi. "Ni ma ba na yi, Malam. Karatunsa na yi, kamar yadda mai gashi ya yi nasa. Ba na kiran kowa, ba na kore kowa. A ƙwaƙwalwa, hanyar da magana ke bi ba ita ce duka waƙa ke bi ba. Ciwon nan yakan lalata ta maganar ya bar ta waƙar. Sai mu bi ta inda ya rage, mu ga ko kalmomi za su fito. Ban yi maka alkawari ba. Zan fara duba ta, in rubuta abin da za ta iya yau, mu sa abin da muke nema nan da wata uku."

Ta durƙusa gaban keken marasa lafiya da tsohuwar ke kai ta gaishe ta, ta nemi izininta. Inna ta gyaɗa kai. Ramla ta rera Fatiha a hankali, leɓen Inna ya motsa. Ta ƙirga ɗaya zuwa goma da murya mai hawa da sauka, aka ji "uku" ta fito a shaƙe. Ramla ta rubuta. Sannan ta ɗago.

"Wace waƙa ta fi so? Wadda ta sani tun tana yarinya ta fi aiki."

"Ba ta jin waƙa," in ji Mujitaba.

Inna ta waiwayo ta dube shi. Kallon bai daɗe ba, amma sai ya ji kamar an watsa masa ruwan zafi a baya.

Inna zabiya ce a da. Shekara ashirin da wani abu tana kiɗan ƙwarya a gidajen biki, daga Bebeji har Doguwa. Da wannan muryar ta ciyar da shi bayan rasuwar mahaifinsa. Shekarar da ya kama aikin koyarwa, wani abokin aikinsa ya kira shi "ɗan zabiya" a gaban mutane, aka yi dariya. Ya dawo gida ransa a ɓace, ya tarar da ita tana shanya ƙoren kiɗanta a tsakar gida. Ya ce daga yau an gama, ta daina zubar masa da mutunci. Da ta ce, "Mujitaba, ka saurare ni," sai ya sa ƙafa ya taka babbar ƙwaryar, ya bi sauran ɗaya bayan ɗaya. Ba ta yi kuka ba. Ta ɗauko tsintsiya ta share. Shekara goma sha ɗaya ke nan bai ƙara jin ta rera ko da waƙar daka ba, shi kuwa ya ɗauka shiriya ce ya kawo gidan.

A hanyar komawa bai iya haɗa ido da ita ba. Ya yi ta neman ko baiti ɗaya na waƙoƙinta a kansa, ya rasa.

Ranar Asabar ya hau acaɓa zuwa bakin titi, ya shiga motar Tudun Wada. A can Safara'u take, wadda ta fi kowa daɗewa tana yi wa Inna amshi. Ta bar shi tsaye a zaure ya fi rabin awa kafin ta fito.

"Yau kuma ɗan boko ne a gidan 'yan amshi?" in ji ta. "Ba ka ji kunya ba?"

"Na ji, Gwaggo. Inna ce ba lafiya. Waƙarta nake nema."

"Kai ka kashe ta, yanzu kana nemanta."

Da ya gaya mata halin da ake ciki, ta zauna a kan turmi tana murza bakin zanenta. Can ta ce ya kunna wayarsa ya ɗauki muryarta. Ta rera wadda Inna ta tsara kan garinsu na asali, wanda ruwan madatsar Tiga ya cinye tana 'yar shekara tara:

*Kifi na kwana a ɗakin uwata,*
*Tsamiyar ƙofar gidanmu ta nutse.*

Alhamis ta zagayo. Mujitaba ya miƙa wa Ramla wayar, ya ce, "Malama, ƙarya na yi miki." Ya faɗa mata komai, yana kallon ƙasa. Ba ta yi masa faɗa ba, ba ta kuma lallashe shi ba.

"Gara da na sani," in ji ta. "Waƙa irin wannan tana iya tayar mata da hankali. In ta nuna ba ta so, nan take zan tsaya."

Ta saurara sau uku har ta riƙe, ta ajiye wayar. Ta kama hannun Inna na hagu, mai lafiyar, tana bubbuga shi a kan cinyarta, bugu ɗaya gaɓa ɗaya. Ta rera layin farko. Ta rera na biyu, da ta zo ƙarshe sai ta yi shiru ta bar gurbin.

"...nutse," in ji Inna.

Muryar ta dushe, amma kalmar ta fito sarai. Aka sake. Ta kawo "gidanmu". A karo na huɗu ta ja layin gaba ɗaya, hawaye na bin gefen bakinta da ya karkace. Ramla ta tambaye ta ko a dakata. Inna ta girgiza kai, ta buga cinyarta da kanta. Mujitaba ya fita ya tsaya bayan tankin ruwa, ya daɗe kafin ya iya komowa.

Daga nan aikin ya koma na haƙuri. Ramla ta ɗora kalmomin yau da kullum a kan murya biyu, sama da ƙasa: "Ina son ruwa." "Sannu da zuwa." "Kaina na ciwo." Su rera tare, ta janye muryarta a hankali, daga baya a rage waƙar har ta kusa zama magana. Ta koya wa Mujitaba ya riƙa yi mata a gida, minti ashirin da safe, ashirin bayan la'asar. Shi da bai taɓa rera komai ba, sai ga shi a kan tabarma yana bubbuga hannun uwarsa, maƙwabta na ji ta kan katanga. Wani makon a ci gaba, wani makon a koma baya. A wata na uku tana da jimla goma sha huɗu. Sunansa ba ya ciki. Duk sanda aka gwada, sai ya maƙale.

Wata Juma'a bayan an sauko daga masallaci, ya zauna gabanta bai kama hannun ba.

"Inna, abin da na yi miki... na zalunce ki. Ki yafe mini."

Ta daɗe tana kallonsa. Leɓenta ya yi rawa, "to" ta taso, ta haɗiye ta. Sai ta ɗaga hannun hagu ta fara buga cinyarta, ta rera da murya biyun nan:

"Ka... ci... a-bin-ci?"

Ba wanda ya koya mata wannan.

Da ya ba Ramla labari, ya tambaye ta ko hakan na nufin ta yafe.

"Ban sani ba, Malam," in ji ta. "Abin da na sani, ta haɗa jimla da kanta, kuma wannan babban ci gaba ne. Sauran tsakaninku ne. Ka bari ta ƙara samun kalmomi, ka sake tambayar ta. Amma ka shirya, ba lallai abin da za ta faɗa ya yi maka daɗi ba."

Ya ce ya ji. Ya tura keken zuwa inda Ramla ta nuna masa, kusa da taga, ya ja benci ya zauna a gefen hagun Inna.