Layin da Ba a Goge Ba

Surayya ta ɗora kwamfutar a kan murfin mota, ta ɗaga waya sama tana laluben inda sabis zai ƙaru. Ba ita kaɗai ba ce a kan tudun. Tun da aka rufe layukan waya a Isa da Sabon Birni, duk mai son jin muryar wani sai ya nemi layin Nijar ya zo nan bakin iyaka, inda sabis ɗinsu ke tsallakowa. Ga mai gaisuwar mutuwa, ga mai tambayar kasuwar wake, kowa hannunsa a sama.

Kawunta Attahiru, wanda ya tsufa a kan fatauci tsakanin nan da Nijar, yana zaune a inuwar motar yana ɓare goro.

"Ɗiyata, kin ce kafin in sha shayi guda kin gama. Na sha, na sake, har mai shayin ya fara tambayata ko nan za ni kwana."

"Saura kaɗan, Kawu."

"Haka kinka ce tun hantsi."

Ita ta rubuta manhajar da wani ƙaramin asibitin haihuwa a Isa ke aiki da ita. A ciki akwai sunayen mutanen da suka yarda su ba da jini, da irin jinin kowa, da unguwarsa. Makon jiya wutar janareta ta ƙone kwamfutar asibitin. Bayanan suna nan a filashi, sai dai ba mai iya karanta su sai manhajar. Hajo, babbar ungozoma, ta tare ta a ƙofa da safe ta ce akwai wata Basira daga Turba da cikinta ya tsufa, jininta mai wuyar samu ne, kuma a haihuwarta ta baya da ƙyar aka tsayar mata da jini. Sannan ta riƙe hannun Surayya ya ɗan jima.

Manhaja ba ta tashi ita kaɗai. Tana tafe da wani ɗan fayil na saiti, kowane layi da sunan ƙunshin da za a sauko da shi daga intanet da lambar zubinsa, tsoho ko sabo. Kwamfuta takan bi layukan ta ɗebo su ta haɗa. Yau ta bi har kusan ƙarshe, sai ta tsaya ta watso jan rubutu.

Surayya ta karanta, ta sake karantawa a hankali.

"Mi ta ce?" in ji Attahiru.

"Faɗa anka yi a ciki. Ƙunshin da ke ajiye sunaye da wanda ke aika wa mutane saƙo ta waya, duk su biyun a kan wani ƙunshi guda suke tsaye. Mai ajiya ya ce sai sabon zubi. Mai saƙo ya ce shi sai tsoho."

"To a ba kowa nashi."

"Guda take ɗauka."

"Ashe ita ma tana da rowa. Da can ya anka yi suka zauna lafiya?"

"Ni na yi wa mai saƙon gyara da hannuna. Gyaran ya ƙone da waccan kwamfutar."

Attahiru ya dubi rana. Ya san hanyar nan tun tana ta jakai, ya kuma san yadda ta koma. Da la'asar ta yi, motocin da ke kan tudun za su haɗu su tafi a jere, wanda ya yi saura kuwa shi da Allahnsa.

"In sun tashi, mun tashi," ya ce. "Ba ni zuwa in gaya wa uwarki na bar ki kina sulhu tsakanin ƙarafa."

Ta zauna a ƙasa da kwamfutar a cinya, ta fara bin abin ɗaya bayan ɗaya. In ta mai da mai ajiya tsohon zubi, faɗa ya ƙare, amma sunayen da ke filashi da sabon aka ajiye su, tsohon ba zai buɗe su ba. Wannan ba hanya ba ce. In ta tilasta wa kwamfuta ta haɗa su haka nan, za ta karɓa, amma ba wanda ya san ranar da za ta tsaya, kuma a Isa babu inda za a ɗebo gyara. Saura ta duba ko mai saƙon yana da sabon zubi.

Yana da shi. Ta yi maza ta gwada. Sabon ya zo da tasa jama'ar, ƙunshi a kan ƙunshi, ga sabis sanda ɗaya tana zuwa tana ɓacewa. Ta dubi yadda abin ke rarrafe ta gane sai bayan magariba, in ma bai yanke ba.

A cikin manhajar duka ba abin da take so kamar wannan ɓangaren. Da shi ne Hajo kan danna wuri guda, wayoyi su yi ƙara a Kamarawa da cikin gari, kafin a gama shirya mace mutum ya iso a kan babur yana naɗe hannun riga. Surayya ta sha ganin haka da idonta.

"Kawu, a ganinka yaushe za a buɗe layi?"

Ya tauna goronsa. "Waɗanda sunka rufe ba su gaya mani ba."

"A ganinka dai."

"Kaya na sani, ɗiyata. Abin da ba ya da mai saye yau, ba ni ɗora wa mota shi."

Ko da ta samu sabon zubin, wa saƙon zai iske? Duk wayar da ke Isa ta koma fitila da rediyo. Abin da Hajo ke bukata suna ne da unguwa, sauran kuwa babur ya yi. Tun ɗazu ta san haka. Abin da ya hana ta shi ne, cire layin mai saƙo daga fayil ɗin kamar amincewa ce cewa haka za a zauna ba waya.

Can gefe wani direba ya tada mota, wani ya bi. Attahiru ya miƙe ya kakkaɓe rigarsa.

Ta katse saukowar, ta buɗe fayil ɗin saiti, ta kai kan layin mai saƙo. Yatsanta ya tsaya a kan maɓallin gogewa. Sai ta janye shi, ta sa wata 'yar alama a farkon layin, irin wadda ke sa kwamfuta ta tsallake shi ta wuce kamar ba ta gani ba. Rubutun ya dusashe, amma yana nan inda yake.

Ta sake ba da umarni. Layukan suka bi juna ba jan rubutu. Ta soka filashi, sunaye suka cika fuskar kwamfutar. Ta nemi irin jinin Basira, mutum uku suka fito. Biyu 'yan Gatawa ne, ta kuma san yawancin mutanen can sun watse tun harin bara. Na ukun wani tela ne, Na'Allah, a bayan kasuwar Isa.

"Kawu, ka san Na'Allah tela?"

"Wanda ya ɓata mani rigar Sallah? Na san shi."

"Ta shagonshi za mu biya kafin gida."

Attahiru ya buɗe mata ƙofa. "Shiga. Amma ke za ki yi magana, ni ba mu gaisawa."