Saitin Dogo

Da ƙyar Auta ta riƙo mahaifiyarta kafin ta kai ƙasa. Mahaifiyar, wadda kowa ke kira Ungozoma, ta fizge gilashin wasan daga fuskarta, ta lalubi kujera ta zauna, falon yana ta juya mata. Ta nuna bokitin da ke bakin ƙofa, Auta ta miƙo mata shi.

"Wannan karon har ina kika kai?" in ji Auta.

"Na hango gada."

"Umma, gadar fa ko rabin hanya ba ta kai ba."

Abin kunya ne, ita ma ta sani. Matar da ta ƙarar da ƙuruciyarta a ɗakin haihuwa na asibiti, wadda ta saba gaya wa masu ciki cewa tashin zuciya ba ciwo ba ne, su daure, yau ga ta rungume da bokiti saboda wasan kwamfuta. Da mijinta yana raye, da ya yi dariya har sai ya riƙe ciki, sannan ya je ya ba wa maƙwabta labari da ƙarin gishiri.

Dogo ake ce masa, kuma sunan bai yi ƙarya ba. Da ya yi ritaya daga gidan waya, zaman gida ya ishe shi, sai babban ɗansu ya aiko masa da wannan gilashi da sanduna biyu na riƙewa a hannu. In ka sa shi a fuska, falo ya ɓace, ka tsinci kanka a wata duniya mai duwatsu da koguna, inda kowa ke zaɓen wanda zai zama. Jama'a suna zama mayaƙa suna kashe dodanni. Dogo ya zaɓi maharbi, ya yi gamo da dodo sau ɗaya, ya sake yin ritaya a can ma, ya koma saran itace. Kullum da hantsi zai ture teburin tsakiya, ya tsaya yana sarar iska, ita kuma tana wucewa da kwandon wanki tana kauce wa gwiwar hannunsa.

"Ki zo ki ga gidan da nake gina miki a kan tudu," haka yake ce mata.

"Fara gyara famfon banɗaki tukuna."

Ba ta taɓa zuwa ba. Ta ɗauka akwai lokaci. Da ya rasu bara, ta lulluɓe kwamfutar da tsohon zani, ba ta ƙara kallon wajen ba, sai da Auta ta zo da labarin cewa kamfanin zai rufe wasan gaba ɗaya yau da la'asar. Duk abin da kowa ya gina a ciki zai tafi. Shi ya sa tun safe Ungozoma take ƙoƙarin isa tudun nan, jiri yana dawo da ita.

Auta ta durƙusa gaban kwamfutar, wadda fankarta ke kuka kamar tsohon injin niƙa.

"Umma, ki saurare ni. Ba laifin cikinki ba ne. Kwamfutar nan ta tsufa, wasan kuma an yi ta ƙara masa nauyi. In kin juya kai, sai hoton ya maƙale, daga baya ya biyo ki, shi ke sa miki jiri. In na shiga saiti na rage inuwa da ciyawa da ƙyallin ruwa, zai tafi sumul. Sannan ga tsayi. Abba ya saita shi a kan tsayinsa, ke kuma..."

"Ni kuma me?"

"Ke kuma Allah bai ba ki wannan matsalar ba."

"Ba za ki taɓa masa komai ba," in ji Ungozoma.

"To haka za mu yi ta yi har su kashe."

Ungozoma ta yi kunnen ƙashi. Ba ta iya yi wa yarinyar bayani ba, don abin ko a bakinta ba ya zama. Kayansa duk an rabar. Rigunan sun tafi wajen ƙannensa, takalman ma da aka rasa mai ƙafarsu, a ƙarshe wani mai gadi ya karɓa. Ƙanshinsa ya bar matashin kai. Wannan saitin kaɗai ya rage yadda hannunsa ya bar shi. Da ta fara sa gilashin ɗazu ta dubi ƙasa, sai ta ga ƙasar can nesa, ta ga saman katanga, ta ga tsakiyar kan mutanen da ke wucewa. Ashe haka yake ganin duniya. Ta tuna ranar da suka fara ɗaukar hoto tare, mai hoto ya rasa yadda zai sa su biyun a ciki, sai da ya ɗauko mata akwatin lemo ta hau. Ta tuna yadda in sun rabu a cikin kasuwa ba ta damuwa, kansa kawai take nema a saman cunkoso. Kewarsa ta taso mata, ta fi tashin zuciyar ƙarfi.

Ta sake sa gilashin, ta sake tafiya. Ko gadar ba ta hango ba ta dawo wa bokiti.

Rana ta riga ta bar tagar gabas ta koma bayan gida. Ungozoma ta dubi hasken da ke bango, ta kurkure baki, ta ce, "Cikin abubuwan da kika ce za ki rage, wanne ya fi nauyi?"

"Inuwa."

Ungozoma ta dubi gilashin. A cikin wasan, duk inda ta bi, akwai wata doguwar inuwa da ke tafe a gabanta a kan hanya, mai faɗin kafaɗa, da kwari a rataye. Ita ta riƙa bi tun safe.

"Cire ciyawar tukuna."

Auta ta cire ciyawa, dajin ya koma fili kamar an yi masa aski. Ta kashe ƙyallin ruwa, kogin ya zama shuɗin ƙyalle shimfiɗe. Ta rage nisan gani, duwatsun can nesa suka shige cikin fari. Ungozoma tana tsaye da gilashi a fuska tana kallon duniyar mijinta ana kwashe mata kaya ɗaya bayan ɗaya, tana jin kowanne a ƙirjinta. Ta juya kai a hankali. Hoton ya ɗan maƙale har yanzu.

"Ya yi sauƙi, amma da saura."

"Na gaya miki, Umma."

"Na ji. Ba sai kin yi mini wa'azi ba. Cire inuwar."

Inuwar ta ɓace daga kan hanya. Fankar kwamfutar ta rage kuka, hoton ya riƙa bin kanta daidai. Auta ta kuma sauya mata tafiyar, maimakon ta riƙa sulalewa a kan hanya, yanzu sai ta nuna wuri da sanda ta danna, ta tsinci kanta a can.

"Saura tsayi," in ji Auta.

"Wannan kam a'a."

Auta ta zauna gaban allon kwamfutar, inda take ganin duk abin da uwar ke gani, tana yi mata jagora. Suka haye gada. Suka ratsa dandalin wani gari inda 'yan wasa suka taru suna sallama da juna, masu sulke da masu fukafukai, wasu suna rawa, wasu zaune a kan matakala sun yi jugum. Wani ƙato mai gatari ya ɗaga mata hannu.

"Ya san Abba ne, da alama. Ki ɗaga masa," in ji Auta.

Ungozoma ta ɗaga. Ba ta san Dogo yana da abokai a nan ba. Ta so ta tsaya ta gaya wa mutumin, amma jirin ya fara dawowa, don har yanzu ƙafafunta suna gaya mata ƙasa tana nan kusa, idonta yana cewa tana can nesa. Ta cije ta ci gaba, hagu wajen injin niƙa mai aiki da iska, sannan sama.

Gidan yana kan tudun, shi kaɗai. Ungozoma ta tsaya tana kallonsa, ranta ya ɓaci. Ɗan ƙaramin abu ne, rufinsa daidai idonta. Da ta nufi ƙofa, goshinta ya shige cikin katakon sama, komai ya yi baƙi. Ta danna ta faɗa ciki, ta tsinci kanta a tsakanin itatuwan rufi, ba ta ganin komai sai azara da duhu. Taga tana can wajen ƙirjinta.

"Kin ga aikin babanku," ta ce. "Mutumin da ko ƙusa bai iya bugawa daidai ba. Wata da watanni yana sarar iska a falona, ashe akurkin kaji yake gina mini."

"Ki ɗan sunkuya ki gani."

Ta gwada. Gwiwoyinta suka ƙi, jirin ya taso da ƙarfi, ta dafa kafaɗar Auta. Wani rubutu ya bayyana a sama yana sanar da cewa an kusa rufewa. Ta zo har nan, ta bayar da ciyawa da ruwa da inuwa, kuma abin da za ta tafi da shi azara ce. Ta tsaya tana numfashi, zufa tana bin gefen gilashin.

"Sauke ni," ta ce.

"Kin tabbata? In na danna, nasa ya goge."

"Na ce ki sauke ni."

"To miƙe tsaye sosai. Dubi gabanki. Kada ki yi ɗage, Umma, na gan ki."

Ungozoma ta sauke dugaduganta. Auta ta danna. Duniyar ta yi wani ɗan motsi, ƙasa ta taso ta same ta a inda ƙafafunta suke, cikinta ya kwanta nan take.

Ɗaki ne sosai. Rufin yana sama inda rufi ya kamata ya kasance. Tagar tana daidai fuskarta, ta cikinta ana hango kogin da gadar da ta hayo. Ga kantar ajiye kaya a jikin bango da kofuna jere. Ta miƙa hannu, hannun ya kai, ba ta ɗaga dunduniya ba. Ga ƙugiyar rataye mayafi daidai kafaɗarta.

Auta ta ƙura wa allon ido.

"Shi ya sa," ta ce a hankali. "Na sha shigowa in tarar da shi a kan gwiwoyinsa da gilashin a fuska. In na tambaya sai ya ce bayansa ke ciwo."

A gidansu na gaskiya, duk abin da Dogo ya kafa, a tsayinsa ya kafa shi. Kantar kicin sai da kujera take hawa. Madubin banɗaki saman ɗankwalinta kawai yake nuna mata. Shekara da shekaru tana mita, yana cewa gobe zai sauko da su, har ta gaji ta daina. Ashe yana ji.

Ta juya, ta ga madubi kusa da ƙofa. Ta matsa. Maharbin ne a ciki, da furfura a gemu da faffaɗan goshi, Dogo ya zauna ya ƙera fuskar har ta ɗauko kamarsa, ya ɗan rage wa kansa hanci. Idonsa yana daidai idonta. Tunda suka yi aure ba ta taɓa kallon fuskarsa ba sai ta ɗaga kai.

"Umma, lokaci ya kusa. In dawo miki da ciyawar ki ga waje? Nan kwamfutar za ta iya ɗauka."

"Bar shi haka."

Ta ɗaga hannu ta gyara gilashin, don ya jiƙe daga ciki. Na cikin madubin ma ya ɗaga nasa.

"Ashe ka iya," ta ce masa.